Waye Waliyyi? Fashin Baƙi Kan Walittaka Da Karama Ga Hausawan Legas

A Kano ko Zariya ko Sakkwato, idan aka ce wane waliyyi ne, ba a rasa dattijon da ya san mahaifinsa, ya san zauren da ya yi karatu, ya kuma san wanda ya ba shi izinin wuridi. A Legas babu wannan gatan. Mutum zai sauka daga mota a Agege ko Mile 12 ko Alaba Rago da babban rawani da carbi mai dubu, kafin wata uku an fara tuɓe takalmi tun daga bakin ƙofarsa, alhali babu wanda ya san daga ina ya fito. Ga shi gari ne na nema, kowa da buƙatarsa a wuya. Mai tumatir yana fargabar kaya su ruɓe kafin su iso, mai shanu a Oko-Oba ya ba mahauta bashi ya ƙi fitowa, ɗan acaɓa doka ta kore shi daga manyan tituna. Wanda ruwa ya ci, ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi. Shi ya sa sanin ma'anar waliyyi ya fi zama dole a kan Bahaushen Legas fiye da ɗan'uwansa da ke zaune a gida.

Alƙur'ani bai bar wannan kalma a dunƙule ba. A Suratu Yunus, aya ta 62, Allah Ya ce waliyyanSa babu tsoro a kansu, kuma ba za su yi baƙin ciki ba. Aya ta 63 ta faɗi ko su waye: waɗanda suka yi imani, kuma suka kasance suna taƙawa. Sharaɗi biyu ke nan, imani da taƙawa. Ba a ambaci rawani ba, ba a ambaci sharifta ko gadon malanta ba, ba a kuma ambaci tashi sama ko sanin abin da ke zuciyar mutane ba.

Hadisin Ƙudusi da Bukhari ya ruwaito daga Abu Huraira, wanda shi ne na 38 a Arba'una Hadisi da yaranmu ke haddacewa a Islamiyya, ya shimfiɗa hanyar daki-daki. Ya fara da gargaɗi, cewa duk wanda ya yi gaba da waliyyiNa, Na shelanta yaƙi da shi. Sannan ya ce bawa bai taɓa kusantar Allah da wani abu da ya fi farillai soyuwa gare Shi ba. Bayan farillai sai nafiloli, bawa ya yi ta yi har Allah Ya so shi. Idan Ya so shi, sai Ya zama jinsa da ganinsa da hannunsa da ƙafarsa, wato gaɓoɓinsa ba sa motsi sai cikin abin da Allah Ya yarda da shi. A ƙarshe ne aka zo kan amsa addu'a: in ya roƙa a ba shi, in ya nemi tsari a tsare shi. A lura da yadda aka jera su, domin duk ɓarnar da ake yi da sunan walittaka daga birkita wannan jeri take tasowa. Mutane suna fara neman matakin ƙarshe, wato wanda addu'arsa ke ci nan take, ba su tambayi matakin farko ba, wato yadda sallar Asubarsa take da yadda yake biyan bashi.

Imam Ƙushairi, wanda ya rasu a shekara ta 465 bayan Hijira, ya ce kalmar waliyyi tana ɗauke da ma'ana biyu, kuma dole su haɗu a mutum guda. Ta farko, wanda Allah Ya jiɓinci lamarinsa, bai bar shi da kansa ba. Ta biyu, wanda shi ma ya jiɓinci bautar Allah a jere, ba ya yi yau ya watsar gobe ba. Daga nan malaman sufanci suka fitar da wani bambanci da ya kamata kowane muridi ya riƙe: Annabi ma'asumi ne, waliyyi kuwa mahfuzi ne. Ma'asumi ba ya saɓo. Mahfuzi yana iya tuntuɓe, sai dai ba a barinsa ya dawwama a kai, ana yi masa gamon katar da tuba da wuri. Don haka wanda ya ce shehinsa ba ya kuskure ya ɗora shi a kujerar da ba tasa ba. Wanda kuma ya ga bawan Allah ya yi tuntuɓe sau ɗaya ya ce ai dama can maƙaryaci ne, shi ma ya yi gaggawa. Imam Ɗahawi, mai littafin aƙida da kowane ɓangare ke karantarwa, ya yanke magana cewa Annabi guda ya fi dukkan waliyyai.

Akwai wani abu da masu neman waliyyi a ɗakin da ke cike da turare da 'yan fada suke mantawa. Muslim ya ruwaito cewa sau da yawa akwai mai birkitaccen gashi wanda ake korarsa daga ƙofofi, amma da zai rantse da Allah a kan abu, da Allah Ya kuɓutar da rantsuwarsa. Uwaisul Ƙarni mutumin Yaman ne da ba kowa ya san shi ba, abin da aka san shi da shi biyayyar mahaifiya, amma Annabi (SAW) ya gaya wa Sayyidina Umar cewa in ya same shi ya nemi ya roƙa masa gafara. To mai gadin da ke kwana a bakin ƙofar wani gida a Ikoyi, ko mai garuwan da ke tura baro a Idi-Araba, ko tsohuwar da ke tuyar ƙosai tana ciyar da marayu, babu abin da ya hana ɗayansu ya kasance cikin waɗannan bayi. Mata ma suna ciki tsundum. Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rasu a 1864, ta yi waƙa guda a kan mata bayin Allah, ta ambaci irin su Rabi'atul Adawiyya ta Basra, ta kuma haɗa da matan jama'ar Shehu da ta sani ido da ido.

Sai batun karama, inda aka fi zamewa. Karama gaskiya ce, kuma wannan ba wurin saɓani ba ne tsakanin ɗan ɗarika da ɗan Izala, ko da yake a wajen muhawara kowa kan yi kamar ɗayan bai yarda ba. Ibn Taimiyya, wanda ya rasu a 728 bayan Hijira, ya tabbatar da ita a aƙidarsa, kamar yadda Laƙƙani ya tabbatar a Jauharatut Tauhid da ake karantawa a zaure. Hujjojin a fili suke. Nana Maryamu ana samun abinci a wurinta cikin mihrabi, kamar yadda ya zo a Ali Imrana aya ta 37, kuma ita ba Annabiya ba ce a wurin mafi yawan malamai. Matasan Kogo sun yi barcin shekara 309. Wani mai ilimin Littafi ya kawo wa Annabi Sulaimanu gadon sarauniyar Saba'i kafin ƙiftawar ido. Bukhari ya ruwaito cewa an ga sahabi Khubaib bin Adiyyi yana cin inabi yana ɗaure a Makka, a lokacin da babu 'ya'yan itace a garin.

Matsalar ita ce, abin da ya saɓa wa al'ada ba iri ɗaya ba ne, kuma ido kaɗai ba ya rarrabe su. Malaman tauhidi sun karkasa shi gwargwadon wanda abin ya bayyana a hannunsa. In a hannun Annabi ne tare da ƙalubalantar masu musu, sunansa mu'ujiza. In kafin a aiko shi ne, irhasi. In a hannun salihin da aka san shi da bin shari'a ne, karama. In a hannun gama-garin Musulmi ne da Allah Ya fitar da shi daga wani ƙunci, ma'una. In kuwa a hannun fasiƙi ne kuma ya zo daidai da yadda yake so, wannan istidraji ne, wato talala: ana sakar masa igiya har ya kai inda za a fizge shi. Dujal zai ce wa sama ta yi ruwa ta yi, kuma wannan bai sa ya zama na Allah ba. Sihiri da rufa-ido suna can gefe, domin su koyonsu ake yi, kuma suna da kayan aiki. Karama ba a koyonta, ba a yi mata rana, ba a kuma kiran 'yan kallo. Wanda ya ce ka dawo ran Alhamis bayan La'asar zai nuna maka karama, ya riga ya gaya maka cewa abin nasa sana'a ce.

Manyan sufaye sun fi kowa tsoron a ruɗu da wannan. An ruwaito daga Abu Yazid Al-Bisɗami cewa ko kun ga mutum yana zaune a iska, kada ku ruɗu da shi har sai kun ga yadda yake a wajen umarni da hani da kiyaye iyakokin shari'a. Shi ne kuma aka ce ya yi takakkiya don ganin wani da ya shahara da walittaka, da ya ga mutumin ya tofa yawu ta wajen alƙibla, sai ya juya ko sallama bai yi masa ba. Dalilinsa shi ne, wanda ba a amince masa a kan ladabi guda na Sunna ba, ta yaya za a amince masa a kan abin da yake da'awa? Ibn Aɗa'illahi na Iskandariyya, wanda ya rasu a 709 bayan Hijira, ya ce sau da yawa akan ba mutum karama alhali istiƙamarsa ba ta cika ba. Ke nan ko karamar ta gaske ce, ba ita ce ma'aunin daraja ba.

Game da muƙaman da ake ji a waƙoƙin bege da majalisi, irin su ƙuɗubi da gausi da autadu da abdalai, a taƙaice za a faɗa. Hujwiri, ɗaya daga cikin magabatan malaman sufanci, ya lissafa akhyar 300, abdalai 40, abrar 7, autadu 4, nuƙaba'u 3, sai ƙuɗubi guda. Ibn Arabi, wanda ya rasu a 638 bayan Hijira, lissafinsa daban ne, abdalansa 7 ne, nuƙaba'u 12. Ibnul Ƙayyim ya ce hadisan wannan babi ba su inganta ba, Suyuɗi kuwa ya rubuta risala yana kare samuwarsu. Bambancin alƙaluman ya isa ya nuna cewa wannan ba rukunin imani ba ne da za a kafirta wani a kansa, ta kowace fuska. Abin da ya fi amfani shi ne misalin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo. A lokacin da mutane suka fara cewa shi ne Mahadi, ya ɗauki alƙalami da kansa ya rubuta cewa ba shi ba ne. Mutumin da Gidado ɗan Laima ya tattara karamominsa a littafi, shi ne yake ture muƙamin da ba nasa ba. A gwada wannan da mai buga hotonsa a kalanda yana kiran kansa gausin zamani.

Inda saɓanin gaskiya yake shi ne tawassuli, wato kamun ƙafa, kuma rashin rarrabe nau'o'insa ne ke sa a raba sahu a masallatan unguwanninmu. Iri uku babu mai musu a kansu. Kamun ƙafa da sunayen Allah da siffofinSa. Kamun ƙafa da aikinka na ƙwarai, kamar mutum ukun nan da dutse ya rufe wa bakin kogo. Sai neman addu'ar salihi mai rai, kamar yadda Sayyidina Umar ya gabatar da Abbas baffan Annabi (SAW) a roƙon ruwa. Na huɗu shi ne mutum ya roƙi Allah yana cewa don alfarmar Annabi ko don albarkar wane, bayan rasuwarsu. Malamai da yawa na mazhabobi sun halatta, suna kafa hujja da hadisin makahon nan da Tirmizi ya ruwaito daga Usman bin Hunaif. Ibn Taimiyya da masu bin fahimtarsa sun hana, suna cewa makahon addu'ar Annabi ya nema yana raye. Wannan saɓani ne na malamai, kuma a nan wanda ake roƙo Allah ne. Na biyar shi ne mai haɗari: a kira mamaci kai tsaye a ce ya ba da haihuwa ko ya buɗe kasuwa. Masu kare wannan lafazi suna cewa nufin mai faɗa kamun ƙafa ne, mai bayarwa Allah ne. Amma gaskiyar magana, yaron da ya taso yana jin ana kiran shehi a duk lokacin da mota ta kusa faɗuwa a gadar Third Mainland, ba lalle ne ya san wannan tawili ba. Abin da ya fi tsira shi ne harshe ya saba da kiran Allah a lokacin firgita, kuma muƙaddamin kirki shi ne zai fara koya wa muridinsa haka.

Ziyara ma tana da tsarinta. Muslim ya ruwaito cewa an taɓa hana ziyarar ƙaburbura sannan aka ba da izini. Wanda ya tashi daga Legas ya nufi Hubbaren Shehu a Sakkwato, ko kushewar Wali Ɗan Marina da Wali Ɗan Masani a Katsina, ko Kaulaha inda Shehu Ibrahim Inyass yake kwance, ko Fas wurin Shehu Tijjani, ko Bagadaza wurin Sidi Abdulƙadir, abin da zai yi a fili yake. Ya shiga da natsuwa, ya yi sallama irin wadda aka koyar ga ma'abota ƙaburbura, ya roƙa wa mamacin rahama da ɗaukakar daraja, ya tuna cewa shi ma nan zai zo. Ba a zama a kan kabari, ba a fuskantarsa da salla, hani a kan waɗannan biyu ya zo a Muslim. Ba a yi masa ɗawafi, ba a yanka dabba dominsa. Shafar kabari da ɗibar ƙasarsa a ƙulle a leda don a jiƙa wa mara lafiya, wannan malaman Malikiyya da kansu sun yi inkarinsa. Ɗan Tijjaniyya kuma yana da ƙarin sharaɗi da ya ɗauka ranar da ya karɓi wuridi, cewa ba zai ziyarci waliyyan da ba na ɗarikarsa ba da nufin neman madadi, ko da yake wajibi ne ya girmama su duka.

Akwai wata fitina da ta fi duk waɗannan muni, ita ce ta masu cewa sun kai matsayin da salla ta faɗi a kansu, ko haram ta zama halas, wai su 'yan haƙiƙa ne mu kuma 'yan shari'a. Hujjarsu biyu ce, kuma dukkansu ba sa tsayawa. Suna kawo ƙarshen Suratul Hijri, inda aka ce ka bauta wa Ubangijinka har yaƙini ya zo maka. Yaƙini a nan mutuwa ce a wurin masu tafsiri, kuma Annabi (SAW), wanda babu mai yaƙininsa, bai bar salla ba har a jinyar ajali. Suna kuma kawo Annabi Musa da Halliru. Amma Halliru da bakinsa ya ce ban aikata shi da ra'ayina ba, kuma Annabi Musa ga Bani Isra'ila aka aiko shi, Annabi Muhammadu (SAW) kuwa ga kowa da kowa, babu wanda ya fita daga shari'arsa. Da aka gaya wa Imam Junaidu na Bagadaza labarin masu irin wannan da'awa, cewa ya yi mai sata da zina ya fi su kyakkyawan hali. Abul Hasan Shazali ya ce in kashafinka, wato abin ɓoye da kake ganin an yaye maka, ya ci karo da Alƙur'ani da Sunna, ka riƙi Alƙur'ani da Sunna ka bar kashafin. Shehu Tijjani ma an san maganarsa, cewa duk abin da kuka ji daga gare ni ku auna shi da ma'aunin shari'a. Mafarki da ilhami suna iya zama bushara ga mai su, amma ba sa halatta matar wani, ba sa yafe bashi, ba sa ɗauke azumi. Majazubi, wanda hankalinsa ya gushe, hukuncinsa na wanda alƙalami ya sauka daga kansa ne: ba a cutar da shi, ba a kuma koyi da shi.

To a aikace, yaya mazaunin Legas zai yi? Abu na farko silsila. Ɗarika ba ta tsiro daga ƙasa kamar naman kaza. Ƙadiriyya a ƙasar Hausa tana da hanyoyin da aka sani, ta Kuntawa, wato malaman gidan Kunta na yankin Sahara, da ta Shehu Usmanu da ta gidan Shehu Nasiru Kabara, wanda ya rasu a 1996. Tijjaniyya ta shigo ta hannun irin su Shehu Umarul Futi, wanda ya zauna Sakkwato zamanin Muhammadu Bello, sannan ta bunƙasa da Failar Shehu Ibrahim Inyass, wanda ya rasu a 1975. Muƙaddami na gaske zai faɗi wanda ya ba shi izini ba tare da ɓacin rai ba, kuma yau waya guda zuwa Kano ko Zariya ko Bauci ta isa a tabbatar. Limaman tsofaffin masallatan Hausawa da fadar Sarkin Hausawan unguwa su ma sun san wanda ya daɗe da wanda ya zo jiya. Wanda ya ce shi a mafarki aka ba shi komai, ba shi da malami a bayan ƙasa, a bar shi da mafarkinsa.

Na biyu, wuridin ɗarika sananne ne, ba kayan sayarwa ba ne. Lazimin Tijjaniyya istigfari 100 ne, salati 100, hailala 100, safe da yamma. Wazifa istigfari 30, Salatul Fatihi 50, hailala 100, Jauharatul Kamali 12. Cikin sharuɗɗan karɓarsa akwai kiyaye salloli biyar a jam'i gwargwadon iko da biyayyar iyaye. Wanda ke da'awar wannan ɗarika amma ba a ganinsa a sahu, ko yake raba yaro da mahaifansa, ya karya sharaɗin da ya shiga da shi tun kafin a zo maganar walittaka.

Na uku, a san alamun ɗan duba da ɗan damfara, domin a garin nan sukan sa rigar waliyyai. Zai tambayi sunan mahaifiyarka, ya zana ƙasa, ya nemi baƙin rago ko jan zakara da za a yanka ba bisimilla, ko ya ba ka laya ya ce kada a buɗe. Abin da ke kama mutane shi ne yadda yake faɗin sirrinsu tun kafin su buɗe baki, alhali sau da yawa yaransa ne ke zaune cikin masu jiran layi suna jan su da hira, su kai rahoto ta ƙofar baya. Sauran kuma magana ce da ta dace da kowa: wane ɗan kasuwa ne a Mile 12 ba shi da mai yi masa hassada? Daga nan sai ya ce akwai hannun wani a danginka, ko kishiya, ko abokin cinikinka. Kuɗin da aka rasa ana mayar da shi, amma zumuncin da wannan kalma ta yanke yakan kai jikoki bai ɗinku ba. Muslim ya ruwaito cewa wanda ya je wa ɗan duba ya tambaye shi wani abu, ba za a karɓi sallarsa ta kwana 40 ba. Haka nan duk malamin da ya ce sai ya keɓe da mace a ɗaki kafin aiki ya ci, ko ya ce a kawo kuɗi a sa a akwati su ninka, maganarsa ta ƙare a nan, ko da an ga ya yi tafiya a kan ruwan Legas.

A kuma kula da wata kalma ta maƙwabtanmu. Yarbawa suna cewa woli, kuma a cocin masu fararen riguna mai faɗin abin da zai faru suke nufi. Yaran Hausawa da aka haifa a Agege da Mushin suna jin harsunan biyu, suna ganin allunan tallar mu'ujiza a kowace mahaɗa, sai ma'anar woli ta rinjayi ta waliyyi a kunnensu, su ɗauka aikin waliyyi shi ne ba da labarin gobe. Wannan gyara ne da ya hau kan malaman Islamiyya da masu zawiyoyi tare, kuma ayoyi biyun nan na Suratu Yunus sun isa a fara da su a aji ɗaya.